Waƙar Da Ba A Ji Ba: Mawaƙi Maras Murya A Cikin Bebayen Finafinan Barkwanci

Gabatarwa

Ran 28 ga watan Disamba, 1895, waɗansu 'yan'uwa biyu Faransawa, Auguste da Louis Lumière, suka tara mutane a wani ɗaki da ke ƙarƙashin gidan shayin Grand Café a birnin Faris, suka karɓi kuɗin shiga, suka nuna musu hotuna masu motsi a jikin farin ƙyalle. Tun daga wannan rana har zuwa wajen shekarar 1927, watau shekara talatin da 'yan kai, sinima ta zauna ba ta da baki. Ana ganin mutum yana motsa leɓe, amma ba a jin abin da ke fita. Irin waɗannan su ne za a kira bebayen finafinai a cikin wannan lacca.

Abin mamaki shi ne, cikin abubuwan da masu shirya finafinan ban dariya na wancan zamani suka yi ta komawa gare su, har da labarin mawaƙin da ba shi da murya, amma shi a ransa ya ɗauka babu kamarsa. To, ta yaya za a yi wa murya dariya alhali kuwa ba a ji ta ba? Amsar ita ce, masu fim sun ɗauke munin waƙar daga maƙogwaron mawaƙi, suka mai da shi kan fuskokin masu sauraronsa. Yadda aka yi wannan dabara, da inda ta samo tushe, da abin da take nunawa game da halin taron jama'a, su ne za a bi ɗaya bayan ɗaya.

Barkwancin Doke-Doke

Salon ban dariyar da ake magana a kai shi ne wanda Turawa ke kira slapstick. Asalin sunan wata 'yar sanda ce da 'yan wasan kwaikwayon Italiya na dā ke amfani da ita, an yi ta da siraran katako biyu a haɗe. In aka maka wa mutum ita sai ta ba da ƙara mai ƙarfi, amma ba ta yi masa rauni. Daga nan sunan ya bi duk wani wasa da ake gina dariyarsa a kan mari, da tuntuɓe, da santsi, da guje-guje, da jifa. Ana iya kiransa barkwancin doke-doke.

Wannan salo ya dace da beben fim ƙwarai, gama faɗuwa ba ta bukatar tafinta. Ko a cikin finafinan da 'yan'uwan Lumière suka nuna a 1895 akwai guda na barkwanci: yaro ya take mesar mai ban-ruwan lambu, mutumin ya leƙa bakin mesar don ya ga abin da ya tsai da ruwa, yaro ya ɗaga ƙafa, ruwa ya wanke masa fuska. Finafinan farko ba su kai minti ɗaya ba. Daga bisani aka daidaita a kan naɗi ɗaya mai tsawon wajen ƙafa 1,000, wanda ke cin minti goma zuwa sha biyar, gwargwadon saurin hannun mai juya na'ura. A cikin wannan ɗan taƙi babu damar dogon labari. Tilas ne a kawo mutumin da 'yan kallo za su gane halinsa da kallo ɗaya, kuma mawaƙi mai ji da kansa yana daga cikin irin waɗannan mutane.

Tushen Al'amarin A Gidajen Wasa

Sinima ba ita ta ƙago wannan mawaƙi ba, gadonsa ta yi. A ƙarshen ƙarni na 19 babban abin shaƙatawar ma'aikata a biranen Ingila da Amurka shi ne gidajen wasanni iri-iri, inda a dare guda za a ga mai rawa, da mai rufa-ido, da mai wasa da dabbobi, da mawaƙi, kowa ya yi 'yan mintoci ya ba wani wuri. 'Yan kallon waɗannan gidaje ba su san kawaici ba. Wanda ya burge su su tafa masa, wanda ya kāsa su yi masa ihu, wani lokaci har da jifa da ruɓaɓɓen kayan lambu. Akwai kuma daren 'yan koyo, inda duk mai sha'awa ke iya hawa dandamali ya gwada sa'arsa. A gidajen wasa na unguwar Bowery ta birnin New York aka yi suna da wata doguwar ƙugiya da ake miƙowa daga bayan labule, a fizge ɗan koyon da ya gundure mutane tun bai kai ƙarshen waƙarsa ba.

Har ta kai rashin iyawa ya zama haja. Misalin da ya fi shahara shi ne na 'yan matan gidan Cherry, 'yan'uwa biyar daga garin Marion na jihar Iowa, waɗanda suka fara wasa a 1893. Waƙarsu da wasansu sun yi muni har mutane suka riƙa biyan kuɗi musamman don su je su yi musu ihu da jifa. A 1896 Oscar Hammerstein, mai gidan wasa na Olympia, ya kawo su New York, suka yi makonni ana cika gida. Da wata jarida mai suna Des Moines Leader ta buga sharhin da ya yi musu kaca-kaca, sai suka kai ta ƙara kan ɓata suna. A 1901 Kotun Ƙoli ta jihar Iowa ta ba jarida gaskiya, ta ce wanda ya fito wasa gaban jama'a ya ba da damar a soki wasansa, har a yi masa ba'a, muddin dai ba ƙeta ce ta sa aka yi ba. Wannan hukunci ya zama ɗaya daga cikin waɗanda ake kafa hujja da su a Amurka kan 'yancin 'yan jarida na yin sharhi.

Bugu da ƙari, su kansu gidajen sinima na farko ba su rabu da mawaƙa ba. Daga 1905 ƙananan gidajen kallo masu kuɗin shiga senti biyar suka bazu a Amurka. Yayin da mai na'ura ke sauya naɗi, akan sa wani mawaƙi ya tsaya ya rera waƙa, ana haska hotuna marasa motsi a kan ƙyalle, jama'a suna amshi. Ba kowane mai gida ke iya ɗaukar gwani ba. Saboda haka ɗan kallon da ya ga mugun mawaƙi a cikin fim, mai yiwuwa ne ya ji irinsa da kunnensa minti biyar da suka wuce.

The Extra Turn, 1903

Fim ɗin da ya tattara wannan al'amari a taƙaice shi ne The Extra Turn, watau "ƙarin wasa", wanda kamfanin Thomas Edison ya fitar a 1903. Bai wuce minti biyu ba, kuma an ɗauke shi ne daga wuri guda, kyamara ba ta motsa ba, kamar dai mutum yana zaune cikin gidan wasa. Ana ganin dandamali, a gefensa kuma ga keɓaɓɓen mazauni na manyan baƙi. Wata mai rawa ta gama wasanta, aka tafa mata. Sai aka kafa allo mai sanar da ƙarin wasa, wani mawaƙi ɗan Italiya ya fito ya buɗe baki. Nan take jifa ta fara sauka a kansa, shi kuwa ko a jikinsa, har sai da aka kai shi ƙasa. Ya ruga bayan labule. Ana tsammani ya tafi ke nan, sai ga shi ya komo riƙe da laima, ya buɗe ta ya kāre kansa, ya ci gaba da waƙarsa. Daga ƙarshe ma'aikatan dandamali biyu suka fito suka ja shi waje da ƙarfi.

Akwai abubuwa uku da ya kamata a lura da su a nan. Na farko, an fara da mai rawar da ta iya, domin ɗan kallo ya ga cewa mutanen da ke zaune sun san abu mai kyau in sun gan shi. Ta haka aka mai da su shaidu amintattu kafin a kawo wanda ake tuhuma. Na biyu, laimar nan ita ce zuciyar fim ɗin. Mutumin da aka jefa ya gudu abin tausayi ne kawai. Wanda aka jefa ya je ya nemo laima ya komo, shi ne abin dariya, gama ya ɗauki hukuncin jama'a tamkar ruwan sama, abin da ake fakewa ya wuce, wanda bai shafi muryarsa ba ko kaɗan. Hausawa sun ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi; a nan ta fi daɗi ne a kunnen mai ita shi kaɗai. Na uku, ba banza aka mai da shi ɗan Italiya ba. Tsakanin 1880 da 1920 'yan Italiya wajen miliyan huɗu suka yi ƙaura zuwa Amurka, galibinsu matalauta, kuma ba a ɗauke su da daraja ba. A ɗaya gefen kuwa waƙar opera ta Italiya ita ce abin tinƙahon attajirai; a cikin shekarar nan ta 1903 ne shahararren mawaƙi Enrico Caruso ya fara waƙa a gidan Metropolitan na New York. Ashe jifa ɗaya ta sami tsuntsu biyu: baƙo ɗan ci-rani, da kuma waƙar manya da talaka ke gani ta fi ƙarfinsa.

Dabarun Nuna Sauti Ga Ido

Dabarun da masu fim suka yi amfani da su don ido ya yi aikin kunne suna da yawa, amma ana iya kasa su huɗu.

Ta farko ita ce jikin mawaƙin kansa. Yakan turo ƙirji, ya ɗora hannu a kan zuciya, ya lumshe ido, ya hangame baki fiye da kima, ya ɗaga dunduniya sa'ad da zai kai murya sama. Duk waɗannan alamu ne na gwanaye, an ƙara musu gishiri ne kawai. Wannan aiki yana bukatar ƙwarewa, kamar yadda duk wanda ya taɓa kallon 'yan kama a ƙasar Hausa ya sani: ba mai iya karkatar da waƙa ta ba da dariya sai wanda ya san yadda take a miƙe.

Ta biyu, wadda ta fi kowace muhimmanci, ita ce masu sauraro. Labarin zuciya a tambayi fuska. Wani ya toshe kunne, wata ta yamutsa fuska kamar ta tauna tsamiya, jariri ya fashe da kuka, kare ya ɗaga kai sama, maƙwabci ya buɗe taga da takalmi a hannu. Yawan ɓarnar da aka gani shi ne ma'aunin munin muryar.

Ta uku ita ce rubutu da zane. Akan sa allon rubutu tsakanin hotuna, ko a zana alamomin kiɗa suna fita. Tun a 1903 Georges Méliès na Faransa ya yi fim mai suna Le Mélomane, inda shugaban mawaƙa ke cire kansa yana jefawa bisa wayoyin tangaraho, kawunan suna zama alamomin kiɗa. A 1919, a cikin fim ɗin zane Feline Follies, muzurun da daga baya aka san shi da suna Felix ya tsinko alamomin kiɗa daga iska ya mai da su keken hawa. Sauti ya zama abin da ake taɓawa da hannu.

Ta huɗu tana wajen fim ɗin ne ɗungum. Ba a cika nuna bebayen finafinai cikin shiru ba. Akwai mai kaɗa piyano a gaban ƙyalle, a manyan gidaje kuwa ƙungiyar makaɗa sukutum. In mawaƙin fim ya buɗe baki, mai piyano na iya karkatar da kiɗansa da gangan. A Japan akwai masu bayani da ake kira benshi, waɗanda ke tsayawa gefen ƙyalle suna ara wa 'yan wasa murya. Wanda ya san majigin da gwamnatin mulkin mallaka ta riƙa zagayawa da shi garuruwan Nijeriya ta Arewa, da mai bayani tsaye yana fassara wa jama'a, zai gane yadda rabin daɗin kallo ke rataye a bakin mutumin da ba ya cikin hoton.

Sennett Da Chaplin

Mutum biyu da suka fi kowa ɗaukaka barkwancin doke-doke a Amurka, kowannensu yana da tsohon miki game da waƙa. Mack Sennett, haifaffen Kanada a 1880, ya tafi New York ne da burin zama mawaƙin opera. Burin bai cika ba, ya ƙare a sahun 'yan amshi da ƙananan wasanni, sa'an nan ya faɗa harkar fim. A 1912 ya kafa kamfanin Keystone. A cikin That Ragtime Band na 1913, Ford Sterling ya fito a matsayin shugaban wata ƙungiyar makaɗa da ba ta iya kome ba, wasan ya ƙare da jefe-jefe tsakanin dandamali da 'yan kallo.

Na Charlie Chaplin ya fi zurfi. An haife shi a Landan a 1889, iyayensa duka biyu mawaƙan gidajen wasa ne. Bisa ga labarin da ya bayar a littafin tarihin rayuwarsa na 1964, yana ɗan shekara biyar mahaifiyarsa Hannah tana waƙa a garin Aldershot, gaban taron da galibinsa sojoji ne, sai muryarta ta sarƙe. Aka yi mata ihu har ta bar dandamali. Manajan gidan ya jawo yaron ya tsai da shi a madadinta, ya yi waƙa, aka yi ta jefo masa kuɗi. Cikin rashin sanin yaro har ya kwaikwayi yadda muryar uwarsa ta sarƙe, jama'a suka kece da dariya. Daren da ya fara wasa shi ne daren da ta yi na ƙarshe.

Da ya girma ya shiga ƙungiyar Fred Karno, ya yi suna a wani wasa mai suna Mumming Birds, inda yake fitowa a matsayin attajiri mashayi da ke hana 'yan wasa marasa iyawa sakat. Da wannan ƙungiya ya je Amurka a 1910, a can kuma masu Keystone suka gan shi suka ɗauke shi a 1913. A 1915, yana kamfanin Essanay, ya mai da wasan fim mai suna A Night in the Show. A ciki ya fito a mutum biyu: wani mai kuɗi sanye da kwat a kujerun gaba, da wani talaka mai hayaniya a can bene, wurin masu tikitin araha. Sa'ad da mawaƙa biyu, Dot da Dash, suka fito suna waƙa, na bene ya jefe su da tumatir da askirim, na ƙasa kuma ya shafa wa ɗayansu kek a fuska, jama'a suka tafa masa. Daga ƙarshe na bene ya ga mai wasa da wuta, ya ɗauka gobara ce, ya jawo mesa ya jiƙe kowa da kowa.

A nan lissafin ya juya. A fim ɗin 1903 'yan kallo alƙalai ne masu gaskiya. A na 1915 kuwa alƙalan bugaggu ne, ɗaya daga sama ɗaya daga ƙasa, mai kuɗi da talaka, kuma fuska ɗaya gare su. Mawaƙan ba su iya ba, amma masu jifarsu ba su fi su kome ba. Ɗan matar da aka kora daga dandamali a Aldershot ya juya kyamara ta kalli masu korar.

Makaɗa Ma Ba Su Tsira Ba

Abin da ya sami mawaƙi ya sami makaɗi. A Faransa, a 1912, an yi fim ɗin Arthème, mai busa sarewar Turawa, wanda tsautsayi ya sa sarewar ta shige masa baki ta ɓullo ta ƙeya. A 1927 Harry Langdon ya yi Fiddlesticks a kamfanin Sennett: yana goga ƙaton goge a ƙarƙashin tagogi, mutane suna jifarsa da duk tarkacen da hannunsu ya kai, wani dillalin gwangwan kuwa yana tsincewa yana sayarwa, har suka haɗa jari suka ci riba. Wannan shi ne labarin 'yan matan Cherry a wata riga. A 1928 Stan Laurel da Oliver Hardy suka yi You're Darn Tootin', inda aka kore su daga ƙungiyar makaɗa suka koma busa a bakin titi, rigimarsu ta yaɗu har duk mazan da ke wucewa suka shiga yage wa juna wando.

Zuwan Sauti

An daɗe ana ƙoƙarin haɗa hoto da murya. Kamfanin Gaumont na Faransa ya gwada tun farkon ƙarni na 20, Edison ma ya gwada a 1913, amma abin bai kankama ba sai bayan fim ɗin The Jazz Singer na 1927. In kiɗa ya sāke, rawa ma sai ta sāke. Da zarar an ji muryar, sai matsala biyu suka taso. Mummunar waƙa ta gaskiya tana gundurar ɗan kallo kamar yadda take gundurar mutanen cikin fim. Sa'an nan kuma yanzu yana da kunnen kansa, yana iya cewa ai waƙar ba ta kai munin da za a yi jifa ba.

Saboda haka gwanaye ba su yar da tsohuwar dabara ba. A cikin Citizen Kane na 1941, inda wani attajiri ya tilasta wa matarsa zama mawaƙiyar opera, an sa ƙwararriyar mawaƙiya ce ta rera waƙar da aka tsara da gangan sama da inda muryarta ke iya kaiwa. Duk da haka hukuncin bai fito ta kunne ba: kyamara ta haura can saman dandamali, inda ma'aikata biyu ke zaune, ɗayansu ya dubi ɗan'uwansa ya toshe hanci. Shi kuwa Chaplin ya ƙi barin a ji muryar ɗan yawon nan nasa mai sanda da ƙaramar hula har sai 1936, a cikin Modern Times, kuma da ya buɗe baki waƙa ya yi da kalmomin da ba na kowane harshe ba, hannuwansa da fuskarsa suka ba da labarin.

Kammalawa

Mafi yawan bebayen finafinai sun salwanta, gama sinadarin da aka yi su da shi yana ruɓewa, yana kuma kama wuta da sauri. Wani bincike da Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna cewa wajen kashi 70 cikin 100 na dogayen bebayen finafinan ƙasar sun ɓace. Da yawa daga cikin gajerun farko sun tsira ne saboda kamfanoni sun riƙa buga su hoto-hoto a kan takarda suna ajiyewa a wannan laburare don kāre haƙƙin mallaka. A can ne The Extra Turn yake a ajiye.

Wanda ya kalle shi zai yi dariya, kuma ya dace ya yi. Amma in ya natsu zai tarar da cewa ya yanke wa murya hukunci ba tare da ya ji ko gaɓa ɗaya daga cikinta ba. Shaidar waɗansu ya karɓa, waɗanda shi mai fim ne ya zaunar da su, ya kuma gaya musu lokacin da za su yi jifa. An ce gani ya kori ji, to, a nan gani ya kori ji har ya zauna a kujerarsa. A gidan sinima wannan wasa ne, ba wanda ya yi asara. Amma ɗalibin da ke maimaita ra'ayin wani a kan littafin da bai buɗe ba, da ma'aikacin da ke sa hannu a kan rahoton sirri na ƙaramin ma'aikacin da bai taɓa ganin aikinsa ba, su ma suna zaune ne gaban beben fim, suna karanta fuskokin waɗansu. Bambancin kawai shi ne, mutumin da suke yanke wa hukunci ba ɗan wasa ba ne, kuma ba shi da laima.